Sekandar Sareng da Jirgin da Ya Kafe a Yashi

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, tara ga watan Oktoba na shekarar 2012, jim kaɗan bayan azahar, Allah Ya karɓi ran Sekandar Ali, wanda duk bakin kogin Tetulia aka fi sani da Sekandar Sareng, wato matuƙin jirgin ruwa. Ya rasu a gidansa da ke Dhulkhali yana da shekara saba'in da tara, bayan jinyar ƙirji ta wata biyu. Babban ɗansa Mofizul ne ya tako har ƙofata ya faɗa mini, tun kafin a sanar a masallaci.

Yaya Sekandar, na halarci jana'izarka, kuma abin da na gani ya ƙona mini rai. A garin da ake cika fili idan mai sayar da shinkafa ya mutu, kai sahu biyu da rabi ka samu. Muna dawowa daga maƙabarta na ji wani a rumfar mai shayi yana ce wa abokinsa, "To, yau dai razakar ɗaya ya ragu." Mofizul yana gefena, ya ji, ya sunkuyar da kai ya ƙara sauri. Shekara arba'in da ɗaya kana ɗauke da wannan suna na wanda ya yi wa sojojin ɓangaren Yamma na tsohuwar ƙasarmu aiki lokacin yaƙin 'yanci, 'ya'yanka sun girma da shi, jikokinka suna jin sa a makaranta. Saboda wannan kalma na zauna yin wannan rubutu. Ƙarya ce, kuma ni kaɗai na rage a duniya da zan iya cewa na gani da idona.

Na fara saninka a shekarar 1965, ranar da aka turo ni koyarwa a makarantar Dhulkhali, na shigo jirginka daga Barisal da akwatin ƙarfe da laima. Kana tsaye a bayan sitiyari, zanen lungi ɗaure a ƙugu, bakinka ja wur da ganyen pan da ake taunawa kamar goro. Ka dube ni sama da ƙasa ka ce, "Sabon malami ne? Zauna nan kusa da ni, in amai ya zo ka juya baya, kada ka ɓata mini katako." Ban yi amai ba, amma na zauna, kuma a tafiyar nan ta awa biyar na ga yadda ake karanta ruwa. Kai ba ka yi boko ba, ko sunanka da ƙyar kake rubutawa. Amma kakan dubi launin ruwa, ka dubi inda kainuwa take tsayawa da inda take gudu, ka sa a tsoma doguwar gora a ji zurfi, sai ka ce tudun yashin da ke nan bara ya tashi ya koma can. Kogunanmu ba sa zama wuri ɗaya, kowace damina sai sun sake hanya, kuma duk ɗan ƙasar nan ya san haka tun yana goye.

Mutane sun manta alherinka, ni ban manta ba. Mace mai naƙuda ba ta taɓa jiran lokacin tashin jirgi ba in kai ne a kai. Dattijon da ya makara, kana hango shi yana ɗingishi a kan gaɓa, sai ka rage wuta kana yi masa tsiya da ƙarfi har ya iso. Lokacin guguwar teku ta watan Nuwamban 1970, wadda ta share tsibiranmu cikin dare ɗaya, kwana goma sha ɗaya ka yi kana jigilar shinkafa da ruwan sha ba tare da kowa ya sa ka ba, kana sauka kana binne gawarwakin mutanen da ba ka san sunansu ba. A kwanakin nan ne na fara jin ɗaci a muryarka. Ka ce mini, "Malam, Turawa daga ƙarshen duniya sun iso da barguna, namu na Yamma har yanzu suna neman mu a taswira."

Masu zaginka ba su san cewa ka fi su son ƙasar da ta tsage ba. Kana ɗan shekara goma sha huɗu ka ɗaura koriyar tuta a kwalekwalen mahaifinka, ranar da aka ce Musulmin Gabas da na Yamma sun zama ƙasa ɗaya. Ka sha ba ni labarin. Abin da ya biyo baya kuwa kowa ya sani. Mu ne muka fi yawa, amma aka ce harshenmu bai isa ya zama na hukuma ba, sai da samari suka zubar da jini a titin Dhaka, babban birninmu, kafin a yarda. Ramar da muke nomawa ita ke kawo wa ƙasa arziki, manyan gine-gine kuwa can suke tashi. Aka ce mu gajeru ne masu cin kifi, ba mu iya yaƙi ba, don haka a soja ba a cika ɗaukar mu ba. Duk da haka, da aka kira zaɓe wata guda bayan guguwa, ka sa farar riga ka je ka bi layi. Alamar jam'iyyar da ka zaɓa kwalekwale ce, ka fito kana dariya kana cewa, "Ni da aka haifa a cikinsa, wa zan dangwala wa, raƙumi?" Muka ci zaɓe da rinjayen da ba ya buƙatar gardama. Sai aka ƙi kiran majalisa, aka yi ta jan mu da zaman sulhu ana sauke sojoji ta jirgin sama, har ƙarshen watan Maris na 1971 aka buɗe wa Dhaka wuta. Sun ɗauka cikin 'yan kwanaki za mu yi laushi. Bayan lissafi, na koyar da tarihin nan shekara talatin, kuma in aka ce in taƙaita kuskurensu zan ce guda ne: duk abin da muka faɗa musu, sun riga sun yanke cewa ƙarya ne.

A watan Yuni sojoji suka iso Dhulkhali suka yi sansani a siton rama na bakin gaɓa. Suka ƙwace jirgin da kake tuƙawa, suka haɗa da kai. Manjon da ke shugabantarsu ya sa aka nuna masa gidanka, ya tabbatar ka ga an nuna masa. Matarka Joygun tana da tsohon ciki a lokacin, Mofizul yana da shekara huɗu. Daga nan duk wanda ke bakin kogi yana ganinka a bayan sitiyari, sojoji cike da jirgi. Wannan gaskiya ne, ba na musun sa.

Abin da ba a gani ba shi ne ni. Na iya Urdu, don na yi karatu a madarasa kafin boko. Manjo ya ji labari, ya aika aka ɗauko ni, aka shigo da ni ta ƙofar baya ta sito. Sau tara na yi masa tafinta a cikin ɗakin nan mai warin rama, ina fassara tambayoyinsa ga mutanen da aka ɗaure, wasunsu iyayen ɗalibaina, idanunsu a rufe da ƙyalle. Tsoro ne ya kai ni, tsoro ne kuma ya hana ni ƙi. Sau ɗaya tak aka fita da ni cikin jirgi, aka zaunar da ni a ɗakin matuƙi inda ba a hango ni daga gaɓa.

Ranar Alhamis ce a watan Satumba, ranar kasuwar tsibirin Haldichar. An kai wa Manjo rahoto cewa mutanen tsibirin suna ciyar da mayaƙan 'yanci, ya yi niyyar ya riske su rana tsaka kasuwa na ci. Na ji abin da ya gaya wa mutanensa za a yi, ba zan maimaita shi a nan ba. Akwai masunta 'yan Hindu a tsibirin, akwai Musulmi manoma, a ranar kasuwa mutum ya fi dubu.

Sojojin nan mutanen tudu ne da duwatsu, yawancinsu ba su iya iyo ba, tun da muka tashi wasu suke riƙe da ciki. Akwai wani dogo a cikinsu da ya gan ka kana jan carbi, ya matso ya tambaye ni a hankali, "Malam, wai wannan Musulmi ne?" Na ce masa ƙwarai, ni ma haka. Sai ya ce, "Mu an ce mana kafirai muka zo yaƙa." Bai ƙara magana ba har muka dawo.

Wajen ƙarfe goma muka iso inda kogin ya rabu biyu. Manjo ya shimfiɗa taswirarsa, wadda aka zana tun zamanin Turawa. A kanta, hanyar yamma ce babban kogi, gabas kuwa ƙasa ce busasshiya. Amma guguwar bara ta yanka sabuwar hanya mai zurfi ta gabas, ta cika ta yamma da laka da yashi. Ga shi ruwa ya fara janyewa, kamar yadda yake yi kullum a kogunanmu na kusa da teku kafin ya sake cikowa. Ta gabas, cikin minti arba'in muna kasuwa.

Yana duƙe kan takardarsa ka yi mini magana da harshenmu, ba ka ko juyo ba. Ka ce, "Malam, wata uku ina tuƙa mutumin nan. In na ce masa rana ta fito, fitila yake kunnawa. Abin da zan faɗa ka fassara masa daidai, kada ka rage kada ka ƙara. Kuma ka ɗaga murya."

Sai ka juya gare shi ka shiga roƙo, har da haɗa hannuwa. "Ranka ya daɗe, mu bi gabas! Wallahi gabas ce hanya. Yamma ta cike, jirgi ba zai wuce ba. Don Allah mu bi gabas!"

Na fassara. Manjo ya ɗago ya dube ka, ya dubi bakin hanyar gabas inda ciyawa ta yi duhu a gaɓa biyu, ya yi murmushi irin na wanda ya kama ɓarawo. Ya ce, "Tambaye shi, 'yan'uwansa nawa ne ke kwance a cikin ciyawar can suna jiran mu?"

Ka ce, "Babu kowa, ranka ya daɗe, sai kwaɗi. Ni dai na faɗa, yamma yashi ne."

Ya zaro ƙaramar bindigarsa ya ɗora a kan taswira, ya buga yatsa a kan shuɗin layin yamma. Ya ce, "Injiniyoyi ne suka zana wannan, ba mai kamun kifi ba. Gaya masa ya bi nan."

Ka bi. Ka ma ƙara wuta, don ya ce a yi sauri. Ba mu yi tafiyar rabin awa ba jirgin ya yi wata ƙara daga ƙasa, ya daki tudu, sojoji suka zube kan juna. Ya kafe ƙam, ruwa kuma na ci gaba da janyewa, kafin a jima laka ce ta kewaye mu ko'ina. Muna hango rumfunan Haldichar can nesa, su ma suna hango mu. Manjo ya tura mutum goma su taka, suka nutse har cinya da takalmansu masu nauyi, da igiya aka jawo su. Muna kallo kwalekwale suka fara fita daga tsibirin, ɗaya bayan ɗaya, sannan da yawa, suna shigewa ƙananan rafuka inda babban jirgi ba ya shiga. Awa shida muka yi a wurin kafin ruwa ya dawo.

Manjo ya juya gindin bindiga ya sauke maka a kunnen hagu. Ka faɗi, ka tashi, jini na bin wuyanka, ka tofar da haƙori, ka ce mini, "Malam, tuna masa ai na faɗa." Wannan kam ban fassara ba. Bai harbe ka ba, don ya san in babu kai ba mai mayar da su gida. Da la'asar sakaliya muka isa kasuwa, babu kowa sai awaki da kwandunan kifin ilish da aka bari. Suka ƙone rumfuna suka huce a kansu. Ko mutum ɗaya bai mutu a Haldichar ranar nan ba. Kunnen nan kuwa bai ƙara ji ba har ka koma ga Allah.

Na daɗe ina tunanin abin da ka yi. Ba ka yi masa ƙarya ko ɗaya ba. Ka dai san cewa mutumin da ya raina ka ba zai karɓi gaskiya daga bakinka ba, sai ka ba shi ita tsagwaronta. Abin da ya faru da jirgin nan shi ya faru da rundunarsu duka. Sun watsu a ƙasar da ba su san ruwanta ba, sun mai da kowane ƙauye abokin gaba, taimako kuma yana can nisan mil dubu bayan ƙasar Indiya. Ranar sha shida ga Disamba suka ajiye makamai a Dhaka, ƙasar da ka ɗaura wa tuta ta rabu biyu.

Sai aka zo hisabi. A watan Janairu aka tara jama'a a filin makarantata, aka kawo ka da igiya a ƙugu. Mutane suna da zafi, kuma suna da dalili, kusan kowane gida an yi rashi. Aka ce kai ne matuƙin sojoji. Ka ba da labarin Haldichar yadda ya faru, aka kwashe da dariya. Wani ya ce, "Ji maƙaryaci! Ka kasa tuƙi ka kafe jirgi, yanzu kuma kana so a ba ka lambar yabo?" Mutanen Haldichar kansu sun ɗauka ikon Allah ne kawai ya tsayar da jirgin, kuma ikon Allah ne, amma ta hannunka ya biyo. Shugaban mayaƙan yankinmu, mutum ne mai adalci, ya ɗaga hannu aka yi shiru. Ya ce, "Sekandar, akwai wani ɗan ƙasar nan a cikin jirgin da zai shaida maka?"

Ina zaune a layin gaba, a kan kujera, cikin manyan gari. Ka bi taron da kallo, idonka ya zo kaina, bai tsaya ba, ya wuce. Ka ce, "Babu."

Aka aske maka rabin kai, aka zagaya da kai kasuwa. Kamfanin jirgi ya sallame ka. Mutumin da ya fi kowa sanin Tetulia ya koma tuƙa ƙaramin kwalekwale yana ƙetarar da mutane da awaki daga gaɓa zuwa gaɓa, shekara talatin. Ni kuwa aka yi mini shugaban makaranta. Kowace sha shida ga Disamba ni ke hawa mumbari in yi jawabi a kan jarumtaka. Nakan shiga kwalekwalenka, ka ce, "Malam, zauna ta dama, kunnen hagu ya tafi hutu," ka tambaye ni lafiyar yara, ka ƙi karɓar komai a hannuna. Ko sau ɗaya ba ka tayar da maganar ba. Ni kuma na riƙa gaya wa kaina cewa ka manta, ko ka yafe, ko lokaci bai yi ba. Ragwanta ce, ba ta da wani suna.

Kwana uku bayan rasuwarka na je gaisuwa. Yaya Joygun tana zaune a tabarma a tsakar gida cikin farin zane, mata kewaye da ita. Na roƙa a ba mu wuri, Mofizul ya tsaya. Na durƙusa na ce, "Yaya, akwai abin da na ɓoye shekara arba'in da ɗaya. Ranar Haldichar ina cikin jirgin."

Ba ta ko motsa ba. Ta ce, "Na sani, Malam. Tun ranar ya gaya mini, ina wanke masa kunne."

Mofizul ya ce, "Inna, kin sani? Kina gani ana jifan mu a hanya?"

Ta ce, "Ubanka ne ya sa na rantse. Ranar da aka aske shi na ce wallahi sai na je filin nan na kira sunan Malam. Ya riƙe mini hannu. Ya ce, ke, in aka aske malami, wa zai ƙara turo ɗansa makaranta? Garin nan malami ɗaya gare shi mai koyar da lissafi, matuƙa kuwa ga su nan birjik. Ya ce a bar shi, in ya shirya zai faɗa da bakinsa." Ta gyara mayafinta, ta dube ni ido cikin ido. "Kullum in aka yi bikin Disamba sai ya sa farar riga ya je ya tsaya can baya, ya juyo da kunnensa mai ji. In ya dawo sai ya ce, bana ma bai faɗa ba, wataƙila baɗi."

Yaya Sekandar, na makara, kuma ba ni da hujja. Amma na faɗa. Ranar Juma'ar da ta wuce na miƙe a masallacin Dhulkhali bayan sallama na faɗi duk abin da ke cikin wannan takarda, har da sau taran da na yi tafinta a sito. Wasu sun tashi sun fita, wani tsohon ɗalibina ya tofar da yawu a gabana, kuma bai yi laifi ba. Gobe Alhamis Mofizul zai ƙetarar da ni Haldichar, in tsaya a tsakiyar kasuwa in gaya wa jikokin mutanen nan wanda ya tsayar da jirgin.

Ya Allah, ga bawanKa Sekandar ɗan Hashmat Ali ya zo gare Ka. Ka gafarta masa, Ka yi masa rahama, Ka yalwata kabarinsa, Ka haskaka shi. Ka sanya rayukan da suka tsira ta hannunsa da wulaƙancin da ya haɗiye a ma'auninsa na alheri, Ka sada shi da Annabin rahama, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Ka jiƙan duk waɗanda suka mutu a shekarar nan, namu da waɗanda aka turo ba su san dalili ba. Ina miƙa ta'aziyyata ga Yaya Joygun Nesa, da Mofizul, da ƙanwarsa Shahida wadda aka haifa ana tsakiyar yaƙi, da jikoki bakwai. Allah Ya ba ku haƙuri, Ya saka muku da abin da ya fi wanda aka hana ku. Ban roƙi ku yafe mini ba tukuna, sai na gama zagayawa.

Ni ne Abdul Motaleb Hawladar, tsohon shugaban makarantar Dhulkhali. Ina cikin jirgin nan, na ji, na gani, ni na fassara. Duk mai sauran zagi a bakinsa ya san gidana, ya kawo mini shi nan. Iyalan Sekandar sun ɗauki nawa kason shekara arba'in da ɗaya, a ƙyale su haka nan.